Tari a Bayan Danga

A ƙauyenmu, can yamma da Dogo-Dogo, tatsuniya ladan ɓarar gyaɗa ce. Bayan magariba Kaka Dije za ta hura karan gero a ƙofar ɗakinta, ta zube mana gyaɗa a tabarma. In hannunmu ya tsaya, bakinta ma ya tsaya.

"Maigidana," take ce mini, "ɓarewa na sa ka, ba ci ba."

Duk tatsuniyoyinta da waƙa, ban da guda. Wai wani maigari ne ya ɓoye samarin garinsa a rumbuna, don kada a kwashe su aikin tilas na Nasara. Ƙanensa, ciki ɗaya, ya hau jaki ya je bariki ya raɗa wa kumandan, Baturen da ke mulkin yankin. Aka zo aka ɗaure maigari, aka yi arewa da shi, bai dawo ba. Ƙanen aka naɗa.

"Daga ranar barci ya ƙi shi," in ji Kaka. "In ya kwanta, sai ya ji tarin yayansa a bayan danga. Ya sa aka sare dangar, tarin ya koma cikin rawaninsa. Ya yar da rawanin, ya fita tsirara, ya faɗa rijiya."

Mu kwashe da dariya. Ita ba ta taɓa taya mu ba.

Na zama saurayi, Kaka ta rasu, Turawan Faransa na shirin barin ƙasarmu, sai aka kawo silima garin Magariya, na je kallo. A ciki, wani sarkin yaƙi ya kashe ubangidansa ya hau mulki, fatalwa ta hana shi sakat, ƙarshe aka fille kansa. Na koma gida na tarar da mahaifiyata tana tuƙa tuwo, na ce, "Inna, ashe Turawa ma sun san tatsuniyar Kaka."

Ta saki muciya. "Ba tatsuniya ba ce. Babana ne aka ɗaure, mijin Kakarka."

"To, ƙanen fa?"

"Baba Alhaji mana."

Maigarinmu ke nan. Mutumin da na sani da tumbi da fara'a, wanda ke sharar barci a inuwar tsamiya har munsharinsa ya kori kaji. Bai haukace ba. Ya tsufa cikin jikoki, ya rasu a kan gadonsa, jama'a ta cika maƙabarta.

Tun daga nan, in na ga azzalumi yana kukan nadama a silima, ban yarda ba. Na san inda ake ƙera irin wannan nadama. Matar da ba ta da inda za ta kai ƙara ce ke yanke hukuncinta gaban yara, gari ya waye ta aike mu mu durƙusa mu gai da Baba Alhaji.