Ranar Da Na Ajiye Kunyar Ɗan Fari

Ranar da na'ura ta hau ƙara a kan gadon ɗana na gane littattafan soyayya rabin labarin zuciya suka ba ni. A cikinsu kullum dukan uku-uku take yi. Ba wanda ya taɓa gaya min tana rage gudu.

Bakwaini na haifa, ɗan fari, muna asibiti a nan Gombe. Ina can gefe ina kunya, ko kallonsa sai a sace, don Dada surukata ta zo daga Kwadon ta kafa kujera.

Sista ta zo da sauri ta sosa masa tafin ƙafa. Ƙarar ta tsaya.

Ta ce, "Bakwaini kan manta ya ja numfashi, sai bugun zuciyarsa ya ragu. Tuna masa muke yi. In ya natsu za ki kwantar da shi a ƙirjinki, fata da fata."

Na sunkuyar da kai. "Sista, a gaban Dada?"

Dada ta harare ni. "Ke 'yar nan, kunyar ce za ta buga masa zuciyar? Kin iya yi wa mutumin cikin littafi kuka, naki na gaske kike wa noƙe-noƙe? Ɗauke shi!"

Ashe duk hawayen da nake sharewa a bayan littafi tana gani.

Iyayen 'ya'yan fari, ku yaya kuka yi da taku kunyar? Ni dai na ajiye tawa. Bello yana ƙirjina yanzu haka, kuma da sunansa nake kiransa, gatsal.