Yadda Munka Gyara Fakon Kaka

Jiya da la'asar ruwan fari ya sauka bisa takin da maƙwabcina ya zube bayan katangata, warin ya shigo zaure ya iske ni zaune. Wani in ya ji wanga wari toshe hanci yake yi. Ni ƙwallo yake tuna mini. Kada ka yi dariya tukuna, kai mai karatu. Mai yi maka bayanin nan tsohon gola ne, kuma kyaftin na wata ƙungiya da ta kusa zama wani abu, saura wuni ɗaya. Tun da ba wanda ya rubuta tarihinta, ni da na tsaya aji huɗu zan rubuta. In an ga kuskure, a tuhumi wanda ya cire ni daga makaranta ya miƙa mini hauya.

Garinmu na nan tsakanin Wurno da Goronyo. Lokacin muna samari, gemu bai gama yanke shawarar fitowa ba, anka kawo muna wani malamin firamare mai usur a wuya da ƙwallon fata ta gaske. Shi ya tara mu ya ce za a kafa ƙungiya, a kai sunanta birni, mu shiga rukuni na can ƙasa, wanda in ka faɗo daga gare shi ba inda za ka faɗa sai gida. Ya raɗa muna suna na Turanci mai kalma uku. Har ƙungiyar ta mutu ba wanda ya iya faɗinsa daidai, har da ni kyaftin. Mutanen gari 'Yan Fako suke ce muna, kuma shi ya bi mu.

Fakon na kakana ne, mahaifin babana. Wani fili ne gabas da gari, ƙasarsa ta ƙeƙashe kamar daɓen ɗaki, ko ƙarangiya ba ta yarda ta fito nan. An ce tun babana bai yi wayo ba anka daina shuka shi. Malam ya ɗauke ni munka tafi roƙo, ga mai unguwa zaune, ga liman. Kaka ya saurare mu shina sassaƙa ƙotar fartanya, bai ko ɗago kai ba.

"Aro na ba ku, ba kyauta ba," in ji shi. "Ran da ƙasag ga ta iya ɗaukar iri, in amshi abina."

Kowa ya yi dariya, har liman. Malam ya ce ya yarda, ya ƙara da cewa Allah ya nuna muna ranar. Na sha tuna wagga addu'a tasa.

Munka kafa azara biyu kowane gefe, munka gitta ta uku bisa. Ranin farko fatar gwiwoyina duk a fakon nan na bar ta. In na yi tsalle na kama ƙwallo, jama'a na tafi, ni ina lissafin inda zan sauka. Sai ga wani jami'i daga ofishin masu shirya gasa, da takalmi mai sheƙi. Ya buga diddige ƙasa sau biyu, ya ce wannan ba fili ba ne, turmi ne, wata rana sai an kwashi ɗan wani da karaya. Ya ce an yi muna uzurin shekara guda. In ya dawo bai ga ƙasa mai taushi da ciyawa ba, a shafe sunanmu.

To, ka ga 'ya'yan manoma, an ce su yi ciyawa. Mu da tun tasowarmu kashe ta munka iya. Amma mun san abin da take so. Munka shiga fakon da diga muna fasa shi taku ɗaya-ɗaya, muna tsince tsakuwa. Munka yi jigilar ƙasar fadama da mangala. Jakai biyu na Kaka ne, shi da kansa ya ce mu ɗauka, wai suna zaune suna ƙiba. Bayan an cire amfani, shi ne kuma ya yi magana da wani Bafulatani abokin wasansa, ya zo ya sauke garkensa a filin wata biyu. Muna atisaye gefe guda, shanu na aikinsu gefe guda. Ni gola na fi kowa sanin yawan aikin da sunka yi, don a ƙirjina nake kai shaida gida. Inna ta hana ni shiga ɗakinta sai na biya ta rijiya.

Da damina ta sauka ciyawa ta taso har gwiwa. Malam ya tsaya tsakiyar fili, idonsa ya kawo ruwa. Ran nan na hangi Kaka ya biyo ta gefen filin da sandarsa. Ya duƙa ya tuge ciyawa guda, ya dubi saiwarta, ya murza ƙasar a tafin hannu ya sunsuna. Na ce a raina, tsoho ya fara son ƙwallo. Aji huɗu ke nan, ka ji iyakar inda ya kai ni.

Shekara ta biyu munka ƙara taki, don jami'in ya yaba, mu kuwa yabo ya shige muna kai. Wasa ma ya fara kyau. Mun je Kagara mun ci, mun je Taloka an raba, an kuma raba mu da su da sanduna bayan an tashi. A gida kuwa abin ba daɗi. Daminar shekarar ta yanke da wuri, gulbi kuma ya cinye rabin gonarmu ta fadama. Gidan Kaka baki ya fi talatin. Tun kafin bazara na ga Inna ta canza ƙwaryar awo ta koma ƙarama, ba ta ce da kowa komi ba. Na gani. Amma ina da gasa a gabana, sai na yi kamar ban gani ba.

Rani na uku munka kai inda ba mu taɓa zato ba. Wasa ɗaya ya rage, da wata ƙungiya daga Rabah, a filinmu, ranar Asabar. In mun ci, mu hau rukuni na gaba, inda an ce har riguna iri ɗaya ake sawa. Ranar Juma'a bayan an sauko masallaci hadari ya haɗo daga gabas. Ruwa ya zuba irin wanda manomi ke tona ƙasa da yatsa ya ga inda ya kai. Ya kai.

Da safe ina shafa wa ƙwallo mai sai anka ce Kaka na kira. Na iske shi bakin filin da sungumi a kafaɗa, ga ƙwaryar iri a ƙasa, ga 'yan'uwana shida tsaye, dukkansu 'yan wasanmu. Na durƙusa na gaishe shi. Na roƙe shi wuni ɗaya tak. Na ce gobe Lahadi ni da ƙungiya duka za mu shuke masa filin kafin hantsi.

"Gobe ta sha iska," in ji shi. "Kai ɗan nema, ƙwallon ga taka, in an daka ta, mi taka ba mutum talatin?"

Na duƙa na ɗauki ƙwaryar irin. Ya fara sara daga bakin ragata, daidai inda nake tsayawa. Shina sara, ina bin sa ina jefa iri ina rufewa da diddige. Wanga diddige da anka sani da tare fenariti. Kafin azahar mun kai ɗaya ragar.

Da la'asar motar Rabah ta iso, da alƙalin wasa daga birni. Gari duka ya fito. Alƙali ya dubi layukan shuka ya dubi agogo, ya ce shi bai ga abin da zai hana wasa ba, ko a shiga ko ya rubuta ba mu da fili. Malam ya zo gabana. Ya ce iri na ƙarƙashin ƙasa, awa ɗaya da rabi ba za ta kashe shi ba, in ya lalace shi zai sayo wani. Ya ce shekara uku, kyaftin, shekara uku. Kuma gaskiya ya faɗa: in na taka, sauran za su biyo ni. Kaka na zaune gindin aduwa, bai hana ba, bai ce a shiga ba. Kallona kawai yake.

Na kai ƙafa bakin layin farko. Ga sawun diddigena a kan kowane rami, a jere har inda ido ya tsaya. A garinmu ko jaki ya ratsa shuka sai an kai maganar gaban mai unguwa. Na janye ƙafata. Sannan na miƙa wa Malam ƙwallonsa.

Kyaftin ɗin Rabah, wani dogo, ya tsuguna ya tona rami ɗaya da yatsa, ya mayar ya rufe. Ya tambaye ni wane irin gero ne. Na faɗa masa. Ya ce su ma mutum tara sunka zo, sauran na gona. An ba su maki, sunka hau mota ba ko waƙa. Bayan sati uku takarda ta zo an shafe mu. Rani uku da damina biyu, shi ne dukan tarihin.

Geron kuwa ya yi abin da ban taɓa gani ba, mai doki ya shiga sai dai a ga hularsa. Kaka ya aika dami ɗaya gidan kowane ɗan wasa, biyu gidan Malam. Malam bai sake yi mini magana ba har anka canza masa wurin aiki, amma damin bai dawo ba. Azarun ragata sun zama ƙafafun sabon rumbu. Inna ta koma ƙwaryarta ta da.

Cikin ciwonsa na ƙarshe na tambayi Kaka ko tun farko ya shirya muna. Ya daɗe shina tari, ya ce, "Ni nac ce ku yi ciyawa? Mai takalmi yac ce."

Yanzu gonar tawa ce, ta fara gajiya kamar mai ita. Ina kuma da wani fako kan hanyar Giyawa, shekara da shekaru ina jiran wasu samari masu ƙarfi da ƙarancin tunani su zo aro. Ba su zo ba. Suna gidan kallo suna zagin juna kan ƙungiyoyin da ba su san ana ruwa ko ba a yi a garin nan ba. Kwanaki na sa jikana ya ɗauke ni a kan babur ɗinsa munka je can, na nuna masa inda raga za ta tsaya, na ce aro ne, ba ko sisi. Ya buga diddige ƙasa sau biyu, ya ce, "Kaka, wurin ga ai ba ciyawa."

Na ce masa ana yin ta. Ya dube ni, ya dubi fakon, ya tambaye ni ko ya mayar da ni gida, an kusa fara wasa.