Yadda Inna ta zama Tsohon Barmu

Abubuwa da yawa sun same ni na manta da su, har ranar da na fara aikin koyarwa sai na yi tunani kafin in tuno ta. Amma yammacin da na buɗe wa mahaifiyata kont, wato asusu, a dandalin wasan salula, wannan kam ko haƙorana sun zube ba zai fita daga kaina ba. Har yau in na tuna sai dariya ta kama ni ni kaɗai, wani lokaci ma a gaban 'yan ajina.

Sai na fara gaya muku halin Inna. Babban yayanmu shi ne ɗanta na fari, ita kuwa irin matan da ne da suka riƙe kunyar ɗan fari da hannu biyu. Ban taɓa jin sunansa a bakinta ba, sai dai ta ce "wancan". Tun da aka yaye shi aka kai shi Barmu wurin kakanmu, mahaifinta, can ya girma. Da ya zama saurayi ya bi sahun samarin Adar ya tafi ci-rani Abijan, kuma a lokacin da nake ba ku labari shekararsa biyar bai leƙo mu garin Tawa ba. Shi ya aiko mata da salular da take riƙewa, amma in ya kira ta ba sa cika minti ɗaya. Ya gaishe ta, ta ce lafiya lau, ta miƙo mini waya kamar tana ƙona mata hannu. Sai dai duk shekara tana kiwata rago, ta yi ta ɗura masa dusa da harawa, in sallar layya ta zo bai zo ba sai ta yi kwana biyu ba ta da walwala. Kowa a gidan ya san don wa ake kiwon ragon nan, ba dai mai faɗa.

Saura wata ɗaya da 'yan kwanaki salla, sai ga saƙon murya daga yayana. Na kunna shi a tsakar gida, Inna na gefe tana tankaɗe. Ya ce bana ma da wuya ya samu zuwa, kasuwa ta riƙe shi. Daga nan ya shiga abin da ya fi iyawa, wato cika baki. Wai akwai wani dandalin wasa da 'yan ci-rani suke haɗuwa a kai, ana ludo ana karta, har da dara irin tamu ta gurbi talatin, kuma wai tun da ya shiga ba a samu wanda ya kai shi ƙasa ba. Ya rantse duk wanda ya cinye shi sau uku a jere, ya faɗi abin da yake so, zai yi masa. Na yi tsaki na kashe. Inna ko ɗaga kai ba ta yi ba, amma na lura rariyar ta tsaya a hannunta.

Kwana biyu bayan haka na dawo daga lakwal, makarantar da nake koyarwa, ina cire takalmi, ta kira ni ɗakinta ta saki labule.

"Auta, wanga wasa da wancan ka hwaɗi, mace na iya shiga?"

Na ce tana iyawa, amma wace macen? Ta nuna ƙirjinta. Na zauna a bakin gado na yi dariya har da riƙe ciki, ita kuwa ta tsaya tana kallona har na gama. Sannan ta gaya mini abin da ban taɓa sani ba. Ashe tana yarinya, in ta kai wa kakanmu fura gindin bishiyar da dattawa suke dara, takan yi kamar tana jiran ƙwarya alhali idonta na kan gurabe. Da tsohon ya gane, sai ya riƙa tona mata gurabe a bayan rumbu, shi da tsinkaye ita da kashin raƙumi, inda ba mai ganin mace tana wasan maza. Ta ce kafin a yi mata aure sau biyu ta cinye shi. Sharaɗinta ɗaya ne, kada wancan ya san ita ce, don in ya sani ta gama jin kunyar duniya.

Ni kuma abin nema ya samu. Na riga na buɗe nawa kont ɗin da lambata ina buga ludo da ƙawayena, kuma lamba ɗaya kont ɗaya ake ba ta, don haka na ɗauki salular Inna na sa tata lambar. Aka ce an turo kod, lambobin tabbatarwa, ta mesaj. Muka jira, shiru. Rezo, wato sabis ɗin waya, a ɗakin Inna sai an yi masa addu'a, dole muka fito, na kifa turmi a jikin katanga na hau, hannu sama. Inna ta riƙe mini zane tana cewa in yi a hankali, maƙwabta na gani. Kod ya shigo, kafin in sauko in daidaita lokacinsa ya wuce. Sau uku ina hawa turmin nan, ni malamar lakwal guda.

Aka zo wurin suna. Na kawo mata sunaye masu daɗi irin na 'yan mata, ta ce a'a, namiji za a sa, kuma tsoho, don yaro ba ya ƙin amsa kiran tsoho. Ita da kanta ta zaɓi Tsohon Barmu. Ranar haihuwa ba ta ba mu wuya ba, na sa ɗaya ga watan Janairu kamar yadda yake a katinta da katin duk sa'o'inta. Hoto ne ya so ya gagare mu. Ta ce ba a ɗaukar fuskarta, a ɗauki ragon. Ragon nan kuwa ya ƙoshi har ya raina mutane. Na durƙusa ina saita shi, ya ja da baya ya kawo mini karo, na faɗa cikin kwanon dusa. Inna ta yi dariyar da rabon da in ji irinta tun Baba na da rai. A ƙarshe hoton da muka samu rabin fuska ne da ƙaho ɗaya, ta duba ta ce ya yi, haka tsofaffi suke.

Sai kalmar sirri. Na yi mata bayani cewa wata kalma ce da za ta riƙe, wadda ba za ta taɓa mantawa ba, kuma ba za ta taɓa faɗa wa kowa ba. Ta murza bakin mayafinta. Can ta ce, ba tare da ta dube ni ba:

"To ki sa sunan wancan."

Dariyata ta tsaya. Na rubuta sunan yayana harafi bayan harafi, yana fitowa ɗigo-ɗigo a kan gilashi. Don kada ta ga idona ne na yi sauri. Wani akwati ya fito da ƙananan rubutu na Faransanci, dogo, da wurin amincewa a ƙasa. Ni da kullum nake yi wa yara faɗa su karanta tambaya kafin su amsa, na danna na wuce ban karanta ko layi ɗaya ba. Na nemo laƙabin yayana, na tura masa gayyata da sunan Tsohon Barmu. Ko minti biyar ba a yi ba ya amsa, muka tafa ni da Inna kamar ƙawaye.

Bayan la'asar aka yi karon farko. Inna ta ƙi taɓa gilashin, sai dai ta nuna da tsinken tsintsiya ni in danna. Dokar ba ta da wuya, kowa ya zuba 'ya'yansa goma sha biyu, a yi ta turawa, wanda ya jera uku ya ɗauke ɗan abokin wasa guda. Kafin shayin maƙwabcinmu ya nuna ta share shi. Ni na tashi ina rawa a tsakar ɗaki, ita kuwa ta ɓata rai. Ta ce wannan ba hannun wanda mahaifinta ya koyar ba ne, in rubuta masa cewa tsoho ya ce ya daina wasan yara. Na rubuta ina ƙyalƙyala. Amsa ta zo, "Ka yi haƙuri, Tsoho. Gobe."

Washegari wasa ya yi zafi. Tun a tsakiya Inna ta yar da tsinken ta fizge wayar daga hannuna, ta riƙa dannawa da ɗan yatsanta mai lalle kamar da shi aka haife ta. Ta ci da ƙyar. Ranar ko tuwo ta ƙara mini a kwano ba tare da na roƙa ba.

Na ukun shi ne mai wuyar. In ta faɗi, lissafi ya koma farko, kuma kwanakin salla suna ta matsowa. Yayana ya shigo da ƙarfinsa, ya ɗauke mata ɗaya, ya ɗauke biyu, kafin in ankara tana da shida yana da tara. Miyar da ta ɗora ta kama, ƙauri ya cika gida, ba wadda ta motsa. Na fara yi mata surutu, in ce tura nan, in ce a'a can. Ta ce in rufe mata baki ko in fita. Sai na ga ta bar masa wani ɗa a fili kamar ta yi kuskure, har na dafe kai. Ya ɗauka. Ashe wurin da ya matsa ya buɗe mata hanya, ta samu wani zama wanda in ta tura ɗa guda gaba ya cika uku, in ta dawo da shi baya ya cika wasu ukun. Ta riƙa kai shi tana dawo da shi, tana tsince 'ya'yansa ɗaya bayan ɗaya, tana cewa haka mahaifinta yake yi. Da na ƙarshe ya tafi na saki guɗa, ta toshe mini baki da tafin hannu, amma ita ma kafaɗunta rawa suke yi.

Saƙo ya shigo. "Tsoho, ka ci. Hwaɗi abin da kaka so."

Na riƙe waya ina jira. Inna ta gyara ɗaurin kallabinta, ta kalli ƙofa, ta kalli ƙasa.

"Ki ce shi tai gida shi ga uwatai. Tsohon na ya hwaɗi, ba ni ba."

Na rubuta. Aka ɗan jima, sannan ya amsa da kalma uku, "To. Na ji."

Saura kwana uku salla ya sauka a tashar Tawa. Ya shigo gida ya durƙusa daga nesa, Inna ta amsa gaisuwarsa tana duban bango, ta tambaye shi hanya, ta tashi ta shige madafa. Kaza biyu ta yanka ranar. Ni kuwa bakina yana ta ƙaiƙayi. Da ya ci ya ƙoshi muka zauna a zaure, na ce masa ashe wani tsoho ya wanke shi tas a dara, ina cika bakin ya tafi? Ya dube ni ya yi murmushi, ya ciro wayarsa ya lalubo wani tsohon saƙo ya miƙo mini. Daga dandalin ne, da Faransanci, ranar da na hau turmi. An rubuta masa cewa wata lamba da ke cikin wayarsa, wadda ya adana da sunan Inna, ta shigo wasa da laƙabin Tsohon Barmu. Ga rabin fuskar ragonmu a gefe. Akwatin nan da na danna ban karanta ba, izini ne na a sanar da duk mai lambarta.

Na ji kamar ƙasa ta tsage in shige. Na tambaye shi ko da gangan ya bari ta ci. Ya ce na farko kam ya sassauta, shi ya sa ya sha faɗa, amma na biyu da na uku ya rantse da dukkan ƙarfinsa ya yi, har rufe shago ya yi don kada a dame shi. Na ce to me ya hana shi nuna ya gane?

"In na nuna, dainawa za ta yi. Tun da anka haihe ni ban taɓa zama da ita awa guda ba sai cikin wanga wasa."

Ya roƙe ni kada in gaya mata. Na riƙe har bayan salla, har ya koma, amma abin ya yi ta cina don ni na yi ɓarnar. Wata rana tana tsince wake na zauna kusa da ita, na fara kame-kame, na ce Inna, game da kont ɗin nan akwai wani kuskure da na yi ranar da muka buɗe. Ba ta bari na kai ƙarshe ba.

"Ke, wa ya tambaye ki?"

Ta ci gaba da tsintar wakenta, bakinta yana motsi kamar mai danne dariya. Daga ranar ban sake tayar da maganar ba.

Yau shekaru ke nan, kont ɗin yana nan, ragon da ke hoton an daɗe da cinye shi. Duk Juma'a bayan la'asar Tsohon Barmu yana shiga, kuma ni ce mai rubuta masa saƙo. Tsoho ya tambayi yaro ko yana cin abinci sosai, Tsoho ya yi masa faɗan rama, Tsoho ne ma ya matsa masa har ya yi aure. Shi kuma bai taɓa kiranta da wani suna a can ba sai Tsoho, kuma bai sake tsallake salla ba.

Abin da na koya biyu ne. Na farko, yanzu ko takardar maganin sauro ce sai na karanta ta har ƙasa kafin in ce na yarda. Na biyu ya fi girma. Da ina ɗaukar kunyar Inna taurin zuciya ce, ina ganin sai an faɗi so da baki yake zama so. Mutanen nan biyu kowa ya san kowa, kowa ya rufa wa ɗan'uwansa asiri don a ci gaba da zama tare, ni ce kawai mai ilimin boko da na so in ɗage labulen. Har yau in rezo ya fitar da ita daga wasa aka nemi kalmar sirri, sai ta miƙo mini wayar ta kau da kai, ta ce in sa sunan wancan.