Kwaɗon Shagon Mama Chinwe

Har gobe ban manta da ranar da na tsallake rajistaranmu na yi wa alƙali magana a cikin kotu ba. Lokacin ina belif a wata kotu a nan Kano, wato mai kai sammaci da zartar da umarnin alƙali.

Wani Alhaji ɗan Kantin Kwari ya yi ƙarar wata tela, Mama Chinwe, a kan shagon da take ɗinki a Sabon Gari, ya ce nasa ne. Kotu ta ba da umarnin wucin gadi a rufe shagon, kuma ni na sa kwaɗon da hannuna. Lauyan Alhaji ya shigar da roƙon a tsawaita rufewar. Ba a kai ga sauraron roƙon ba Alhaji ya hango faɗuwa, ya janye ƙararsa.

Ga waɗanda ba su san aikinmu ba, roƙo a jikin ƙara yake rataye. Ranar da aka janye ƙara, duk roƙon da ke jira ya mutu, umarnin wucin gadi ma ya bi shi. Sai dai a ofishinmu an saba da zarar an janye ƙara a ɗaure fayil a jefa sito, ba mai tunawa da abin da aka rufe a waje.

Mama Chinwe ta same ni a bakin ofis, idonta ya yi ja. Kirsimeti ya matso, kekunanta da ɗinkin mutane duk suna ciki.

"Oga, an ce shari'a ya ƙare. Yaushe za a buɗe mini?"

Na shiga wurin rajistara da maganar buɗe shagon, ya ce, "Malam Sabo, bar shi tukuna. Lauyan Alhaji ya ce ba a saurari roƙonsu ba."

Na ce, "Yallaɓai, a cikin wace ƙarar za a saurare shi?"

Ya fi ni sanin amsar. Ya kawar da kai ya ce kada in jawo mana rigima da manya. Wallahi raina ya ɓaci. Roƙon da ba za a taɓa saurara ba, shi baiwar Allah za ta zauna jira?

Washegari kotu na zama na miƙe na ce, "Ya Mai Shari'a, an janye ƙara, shago yana kulle, makulli yana hannuna. Umarni nake nema." Alƙali ya sa aka ɗauko fayil, ya duba, ya ce a buɗe yau. Kafin azahar na ji ƙarar kekenta.

Ba a daɗe ba aka ɗauke ni daga aikin waje, aka ajiye ni inda ba mai ganina. Ban roƙi kowa ba, ban kuma yi nadama ba.

Ku da kuke tasowa, ku riƙe wannan: kowa a ofishin nan ya san doka a ranar. Wanda zai buɗe baki ne aka rasa.