Gemun Kawu Mai Fitila

Orval Pruitt mutum ne mai baƙin rai, kowa a gidan talabijin ɗin garinmu da ke jihar Ohayo ya shaida. Amma da la'asar sai ya manna farin gemu, ya kifa hular matuƙan jirgin ruwa, ya zama Kawu Mai Fitila. Yara na jere kan benci suna ihu, yana gabatar musu da majigin zanen barkwanci kai tsaye, ba yanka ba gyara. Lokacin talabijin sabon abu ne, duk gari shi ake kallo.

Dokarsa ɗaya ce: yaro ba zai ga fuskarsa ba gemu ba. Ya taɓa shaƙe mai kyamara don kawai ya kira shi Orval a gabansu.

Abin da ke ci masa rai madara ce. Kamfanin madara ke ɗaukar nauyin shirin, saboda haka tsakanin fim da fim dole ya ɗaga kofi ya shanye yana murmushi. Kofin kuwa tun kafin a fara yake zaune ƙarƙashin fitilun ɗaukar hoto masu zafi kamar murhu, har madarar ta yi tsami ta yi gudaji. Shekara da shekaru yana haɗiyar wannan ƙazanta.

Ran nan ya banke ƙofar manaja, wani mai tumbi da ake kira Delbert Haskins.

"Yallaɓai, daga yau na bar shan ruɓaɓɓiyar madararka. Ka zuba wa uwarka!"

Delbert ko ɗago kai bai yi ba. "To ajiye gemun ka fita. Kayan gidan nan ne."

"Ni za ka kora? Wallahi yaran garin nan sai sun rushe ginin nan a kanka!"

"Mu gani, tsoho."

Orval ya jefa masa gemun a fuska ya fice. Ko a jikinsa, don ya tabbata shi yaran ke ƙauna.

Washegari Delbert ya liƙa wa mai karanta labarin yanayi gemun, wani siriri mai murya kamar ta akuya. Orval ya zo ƙofar gidan ya tsaya, yana jiran ya ga kuka da bore. Ga yara a layi da iyayensu, an sha ado. Da siririn nan ya leƙo ta taga ya ɗaga hannu, sai wuri ya kaure: "Kawu! Kawu!"

Zuciyar Orval ta tafasa. Ya durƙusa gaban wata yarinya da ya taɓa ɗora wa hularsa ranar bikin haihuwarta.

"'Yata, dube ni da kyau. Ni ne Kawu."

Yarinyar ta ƙwalla ƙara ta ɓuya bayan uwarta. Uwar ta ɗaga jaka kamar za ta kwaɗa masa.

"Kai malam, kauce mana! Wane irin ɗan iska ne kai? Ka tare wa yara hanya, Kawu suka zo gani."