Waken da Umma ta zuba a sinki

Shekarun baya, ba a daɗe ba da ambaliyar nan da ta ci gidajen bakin ruwa a Staten Island, ni da maigidana muka sayi ɗan gidanmu a Port Richmond. Tsohon gida ne, ɗakuna uku da ƙaramin kicin. Ranar da aka miƙa mana makulli aka haɗa mana da wata takarda, wai waranti ne na shekara guda wanda mai gidan na da ya biya. Idan firji ko murhu ko tukunyar ruwan zafi ta lalace da kanta, sai ka kira kamfanin su turo mai gyara, ka biya kuɗin zuwansa, sauran nauyin nasu ne. Na zauna na karanta takardar nan kaf, har da ƙananan rubutun da sai ka matse ido. A lokacin gani nake babu wanda ya kai ni wayewa a duk danginmu.

Cikin abubuwan da warantin ya ƙunsa har da wani ɗan inji da ke ƙarƙashin sinki, mai niƙe ragowar abinci ruwa ya wuce da shi. Duk zaman hayar da muka yi a Bronx ban taɓa samun irinsa ba. Duk baƙuwar da ta zo ganin gida sai na ja ta kicin na kunna mata, kamar ni na ƙera shi.

Bayan 'yan watanni mahaifiyata ta zo daga Kano. Shekara biyu ke nan da rasuwar mahaifinmu, kuma ƙanena ya yi ta gaya min a waya cewa Umma ta rage magana, tana yawan mantuwa. Muka ce kaɗaici ne, ta zo ta zauna cikin jikokinta za ta ware. Ni ma'aikaciyar jinya ce a wani gidan kula da tsofaffi a Stapleton, tun safe nake fita. Yarana mata biyu suna makaranta, babansu yana ofis. Wuni guda Umma ita kaɗai ce a gida, kuma ita ba mace ba ce mai iya naɗe hannu ta zauna. Kafin na dawo ta yi tuwo, ta kaɗa miya, ta goge ko'ina.

Ranar da na nuna mata injin, na ce, "Umma, sai kin buɗe ruwan sanyi tukuna, sannan ki danna nan. Abu mai laushi kawai, ban da ƙashi, ban da ƙwallo."

Da ta ji ƙararsa sai ta yi dariya, irin wadda na daɗe ban ji ba. Ta ce, "Wannan ai ƙanen injina ne."

Umma ta yi sama da shekara ashirin tana da injin markaɗe a zauren gidanmu. Tun da hantsi ake jera robobin kayan miya da na wake a ƙofa. Da ƙarar injin nan muka tashi, da shi aka yi mana makaranta.

Ba a yi wata biyu ba injin sinki ya tsaya, sai gunji yake yi ba ya juyawa. Na kira kamfani da ƙarfin gwiwata. Mai gyaran ya zura wani ɗan ƙarfe ta ƙasa ya murɗa, ya zaro ƙwallayen dabino guda shida ya jera min a kan tebur. Ya ce warantin na lalacewar tsufa ne, ba na abin da mutum ya cusa da hannunsa ba, amma wannan karon zai kau da kai. Na tambayi Umma, ta ce ita ba ta zuba komai ba. Na juya kan yara, suka amsa min da Turanci cewa su ko dabinon ba sa ci. Na yi faɗana na gama, aka wuce wurin.

Akwai wasu abubuwan da na gani a watannin nan. Gishiri sau biyu a miya. Azahar sau biyu a rana ɗaya. Ta tambaye ni yau wace rana ce, na amsa, kafin na cire takalmi ta sake tambaya. Kowanne na samo masa dalili: baƙunta ce, sanyin garin ne, tsufa ne.

Wata Asabar na je 125th Street sayen kuka da daddawa. Ina buɗe ƙofa na ji ƙaurin wayar lantarki da ta ƙone. Sinki ya cika da ruwa, inji ko motsi. Ranar Litinin kamfanin ya turo wani mutum daban, baƙar fata, dattijo mai furfura a gemu. Da Turanci muka gaisa, na ɗauka ɗan Jamaika ne ko makamancin haka. Umma tana zaune a kujerar kicin da carbinta tana kallonsa.

Da ya buɗe ƙofar ƙarƙashin sinkin, sai ga wata roba wankakkiya an ajiye ta daidai ƙasan injin. Ya ɗauke ta gefe. Da ya kwance injin kuwa, wake ne jiƙaƙƙe cunkus har wuya, da albasa da attaruhu, da cokali guda ya lanƙwashe a tsakiya. Ya ɗauki hoto da wayarsa. Na san abin da hoton nan yake nufi. Na rage murya na ce masa ko zai rubuta cewa injin ne ya tsufa, ai dama tsoho ne. Ya girgiza kai, ya ce ba zai iya rubuta abin da bai gani ba.

Kunya da haushi suka taru min. Na juya wurin Umma, na koma Hausa don na tabbata baƙon ba zai ji ba.

"Umma, wai me ya sa ba kya jin magana ne? Sau nawa zan faɗa miki? Nan fa ba Kano ba ne. Idan ba za ki iya ba, ki daina shigar min kicin, ki bar mana kayanmu su huta!"

Ban taɓa ɗaga mata murya ba sai ranar. Ita kuwa ba ta yi fushi ba. Damuwa ce fal a fuskarta. Ta ce, "Waken mutane ne fa. Mai ƙosai ce ta aiko tun safe. Na zuba, na tara roba, ƙullun ya ƙi fitowa. Yanzu me zan ce wa matar nan? Ki kira min babanku ya zo ya duba bel ɗin injin."

Sai mai gyaran ya ajiye tocilarsa, ya goge hannu a wandonsa, ya durƙusa a gabanta. Da Hausa, irin ta mutanen zangon Kumasi, ya ce, "Mma, sannu da aiki. Injin ne ya gaji, ba laifinki ba ne. Mai ƙosai ya ce ba komai, gobe ma rana ne."

Umma ta sauke ajiyar zuciya. Ta ce, "To, alhamdulillahi. Allah ya yi maka albarka, ɗan nan."

Na so ƙasa ta tsage na shige. Duk abin da na faɗa ya ji. A bakin ƙofa ya tsaya yana rufe jakar kayan aikinsa, bai kalle ni ba ya ce, "Anti, takarda ba na iya canza shi. Amma ki kai Mma wurin likita. Tsohona a Kumasi, haka ya fara."

Ni ce fa mai wanka da ciyar da masu irin wannan ciwon kullum. Ni ce nake zaunar da 'ya'yansu ina cewa kar ku yi gardama da su, kar ku tsawata musu, ba da gangan suke yi ba. A kan iyayen wasu, daga nesa nake gane shi. A kan tawa uwar sai da mai gyaran famfo ya nuna min.

Likita ya tabbatar, ciwon mantuwa ne, kuma ya daɗe da farawa. Kamfanin suka aiko da wasiƙa cewa ba za su biya ba, kuma ban ga laifinsu ba, abin da aka rubuta suka bi. Maigidana ya sa aka cire injin gaba ɗaya aka mayar da bututu. Na rage kwanakin aiki, muka samo wata baiwar Allah 'yar Nijar tana zama da Umma ranakun da ba na nan.

A hankali ta manta sunayen jikokinta. Ta manta unguwarmu. Ta manta ni. Amma abu ɗaya ya zauna mata daram. Ta daina shiga kicin. Sai ta zo bakin ƙofa ta tsaya, hannayenta a baya, tana leƙen tukunya.

Na ce, "Umma, shigo mana, zo ki ɗanɗana min miyar nan."

Ta ce, "A'a. An ce kar in shiga."

"Wa ya ce?"

Ta rage murya, ta waiga. "Matar gidan."

Na roƙe ta, na ja hannunta, na sa yara su kira ta. Shekara uku ta yi a gidan nan bayan haka, ƙafarta ba ta ƙara taka kicin ba.

Wata rana da la'asar, watanni kaɗan kafin Allah ya karɓi abarsa, ina zaune a bayanta ina taje mata kai ina shafa mai. Na kasa riƙewa. Na zagayo na durƙusa na kama hannunta na ce, "Umma, ki yafe min."

Ta kalle ni da mamaki. Ta ce, "Ke kuwa me kika yi min, baiwar Allah? Ke da kike ba ni abinci, kike min kitso? Waccan ce mai faɗa." Ta murza yatsunta. Can ta ce, "Ita ma na yafe mata. Aiki ne ya yi mata yawa, ba ta hutawa."

Ban gaya mata ni ce ba. Na kifa kaina a cinyarta na yi kuka, ita kuma tana bubbuga bayana tana cewa in yi haƙuri, ko wa ya taɓa ni Allah yana gani.

Mun binne ta a New Jersey, wata Juma'a da ake yayyafi. Har yanzu ina wannan aikin. Idan 'ya ko ɗa ya zo yana huci, yana ce min tsohuwarsu ta zama mai taurin kai, ba na yi masa wa'azi kamar da. Kujera nake jawo masa, na tambaye shi yaushe abin ya fara. Ku kuma masu iyaye a raye, idan wanda ya raine ku ya soma yin abin da bai saba ba, ku tambaye shi me yake nufin yi kafin ku tambaye shi me ya sa ya yi. Ni na samu yafiya, alhamdulillahi. Sai dai na same ta ne a lokacin da Umma ba ta san wa take yafe wa ba, kuma wannan ne abin da har yau ban iya haɗiyewa ba. Allah ya jiƙan iyayenmu.