Muryar Inna a Bakin Yaya Hanne

Shekara tara ke nan da muka binne yayata Hanne a Durun, amma har yau idan motar Kano ta tsaya a tashar Kabo sai na leƙa, ko zan ga ta sauko da jakar nan tata. Kayan wasanta ne a ciki, domin finafinan barkwancin da take fitowa ba su da halin ɗinka wa kowa sutura. Da zanenta take zuwa, wani lokacin ma da nawa, ba tare da ta tambaye ni ba.

Ba ta taɓa zama tauraruwa ba. Ita ce maƙwabciya mai aron turmi, ita ce gwaggon da ke shigowa ana tsakiyar rigima ta ƙara wa wuta fetur ta fice. Sunanta yakan zo can ƙasa a jerin sunayen ƙarshen fim, lokacin da masu kallo sun tashi neman takalmansu. Ko a jikinta. Takan ce da ni, “Gishiri ai ba a ganinsa a miya.”

Ba a makaranta ta koyi sana'ar ba. Duk kaka takan dawo gida ta zauna cikin mata masu ɓarar gyaɗa, ta yi shiru kamar mutuniyar kirki, alhali sata take yi: tafiyar wannan, tsakin waccan. Rannan sai satar ta iso cikin gida. Innarmu tana da wata ɗabi'a, idan baƙo ya daɗe, tun yana zaune za ta gyara ɗankwali, ta yi ɗan tari, ta ce a hankali, “To, a gaida gida.” Yaya Hanne ta kwashe wannan kaf ta kai talabijin. Kafin sati ya zagayo, a kasuwar Gwarzo masu tumatir na yi wa Inna sallama tun ba ta taya ba. Damina guda Inna ba ta amsa gaisuwarta ba, ita matar malami an mai da ta abin dariya. Sun shirya daga baya, ɗa da uwa ai sai Allah, amma Inna ba ta taɓa kallon wasan ba.

Ina tunanin me Yaya Hanne za ta ce da wannan zamani, da kowa ke wasan kwaikwayo a wayarsa. Wataƙila ta yi dariya ta ce kowa ya zama liman, babu mamu. Kaset-kaset ɗinta kuwa raɓa ta cinye su, saura ɗan guntu da ya tsira yana yawo a wayoyi, babu ko sunanta a jiki.

Inna ta riga Yaya Hanne rasuwa, kuma ba ta bar mana hoto ko murya ba, ba ta yarda da su. Ni kuma tsufa ya fara sa ni mantuwa. Wata rana bayan la'asar, gero na kaɗawa a bayan gida, na nemi muryar mahaifiyata a kaina na rasa. Na ji tsoro ƙwarai.

Shi ya sa nake riƙe da guntun nan. Mutane suna kallo suna dariya, Allah Ya kai ladan kabarinta. Ni idan na kunna, fuskar yayata nake gani, amma tarin na Inna ne, muryar ma tata ce, tana sallamata tun ban gaji da zama ba. Nakan ce, “Za su ji, Inna,” sannan in sake kunnawa.